Idan Mutum Ya Zauna A Kan Wata: Fashin Baƙi Kan Pandora

Mutane da yawa sun kalli fim ɗin Avatar, wasu ma sun maimaita, amma in ka tsayar da mutum ka ce mai a ina aka yi labarin sai ya ce maka wata duniya ce can mai dogayen mutane shuɗɗa. To Pandora dai wata ne, irin namu ɗin nan da ake ɗaga kai ana nema in azumi ya matso, sai dai shi wata ƙatuwar duniyar gas yake zagayawa da suka raɗa wa suna Polifemus, ita kuma tana zagaya tauraron Alfa Sentauri A. Tauraron na gaske ne, yana nan a sama, nisansa da mu tafiyar haske ce ta shekara 4 da 'yan watanni, shi da abokan zamansa su ne maƙwabtan ranarmu na kusa. Polifemus da Pandora kuwa ƙirƙira ce ta James Cameron, wanda ya shirya fim ɗin, da mutanensa, fim na farko ya fito a Disambar 2009, labarin kuma an kai shi shekarar 2154.

Abin da nake so mu warware shi ne, duk marubucin da ya ce mutanensa a kan wata suke zaune to ya ɗauko wa kansa wasu sharuɗɗa, ko ya sani ko bai sani ba, domin wata yana da halayensa, kuma muna da watanni na gaske a gidanmu na rana, wato ranarmu da duniyoyin da ke zagaya ta, da za mu gwada shi da su. Wasu sharuɗɗan masu Pandora sun cika su har abin ya burge ni, wasu sun yi musu kwana, wani guda ɗaya kuma, wanda a ganina ya fi duk sauran daɗin labari, sun taɓa shi sama-sama sun wuce.

Mu fara da girma. Bayanan da suka fitar tare da fim ɗin sun ce faɗin Pandora ya haura kilomita 11,000, duniyarmu kuma 12,742 ce, nauyinsa kuma wajen kashi 70 cikin 100 na nauyin duniyarmu. Yanzu ɗauko wata mafi girma da muka sani, Ganimid na duniyar Jupita, faɗinsa kilomita 5,268, nauyinsa kuwa kashi 2 da rabi ne kacal cikin 100 na duniyarmu. Kaga kenan sai ka tara Ganimid kusan 30 kafin ka samu Pandora ɗaya. Kuma wannan ba wai rashin sa'a ba ne da Jupita ta yi, a 2006 wasu masana biyu, Robin Canup da William Ward, sun nuna cewa in ka haɗa nauyin watannin Jupita, ko na Zuhal, waccan mai zoben, ko na Yuranus, kullum abin yana tsayawa ne wajen kashi 1 ko 2 cikin 10,000 na nauyin uwar duniyar. Dalili kuwa, watannin suna haɗuwa ne a cikin faifan gas da ƙurar da ke kewaye da uwar tun tana sabuwa, kuma duk wanda ya yi saurin ƙiba sai gas ɗin ya riƙa janyo shi ciki-ciki har uwar ta haɗiye shi, waɗanda suka tsira su ne matsakaita. Polifemus kuma an ce ba ta ma kai Jupita ba. To daga ina ta samo ɗa irin wannan?

Akwai ƙofar fita guda biyu. Ko dai Pandora ba haifaffen gidan ba ne, duniya ce mai zaman kanta da ta zo wucewa aka cafke ta, irin abin da masana ke ganin ya faru da Tiraiton na duniyar Neptun, wanda har yau baibai yake zagayawa, ya saba wa juyin uwarsa. Ko kuma karo aka yi, irin wanda ake ganin ya haifar da namu watan shekara wajen biliyan 4 da rabi da suka wuce, shi ya sa namu ya kai kashi 1 cikin 81 na nauyin duniya, wanda babban kaso ne sosai. Na farkon ya fi zama da hankali tunda uwar gas ce.

Me ya sa suka dage sai ƙaton wata? Saboda iska. Ƙaramin abu ba ya iya riƙe iska in akwai ɗumi, guduwa take yi sama a hankali. Watanmu fayau yake. Duniyar Mas da ta kai kashi 1 cikin 10 na nauyin tamu, iskar da ta rage mata ba ta kai kashi 1 cikin 100 na matsin tamu ba. Taitan na Zuhal ne kaɗai wata mai iska mai kauri, har ta fi tamu matsi da rabi, amma shi sanyi ne ya rufa mai asiri, digiri 179 ƙasa da sifili, iskar ba ta da kuzarin guduwa. In kana son daji da ruwa da ɗumi to dole ka yi wata mai jiki, anan kam ba su da zaɓi.

Inda suka yi ƙoƙari sosai shi ne haɗa nauyi da iska da halittu. Jan ƙasar Pandora kashi 80 ne cikin 100 na namu, mai kilo 70 zai ji jikinsa kamar 56, iskar kuma ta fi tamu kauri da kashi 20. Haɗa waɗannan biyun sai ka ga dogayen bishiyoyi da Na'vi, shuɗɗan mutanen nan masu tsayin mita 3, da waɗannan halittu masu fuka-fuki da ake hawa duk sun samu wajen zama, don ko a nan duniya an tono ƙasusuwan wata halitta mai tashi a jihar Texas ta Amurka da faɗin fuka-fukinta ya kai mita 10, kuma da cikakken nauyinmu ta tashi. Batun numfashi ma sun yi shi daidai, iskar tana da oksijin amma iskar kabon da muke fitarwa in mun yi numfashi ta haura kashi 18 cikin 100, tamu kuwa ba ta wuce 0.04 ba, shi ya sa a fim ɗin ake gargaɗin sababbin zuwa cewa in takunkumi ya fita sakan 20 mutum ya sume, minti 4 sai gawa. Wannan ba ƙari ba ne. Ranar 21 ga Agustan 1986 tafkin Nyos da ke arewa maso yammacin Kamaru ya yi aman irin wannan iskar da daddare, ta gangaro kwari saboda ta fi iskar shaƙa nauyi, mutum sama da 1,700 suka rasu da dabbobi dubbai, da yawansu a kan shimfiɗarsu.

To yanzu ga babbar maganar.

Duk wani babban wata da muka sani fuska ɗaya yake nuna wa uwarsa. Namu haka yake, bil'adama ba su taɓa ganin bayansa ba sai a Oktoban 1959 da kumbon Tarayyar Sobiyet mai suna Luna 3 ya zagaya ya ɗauko hoto. Manyan watannin Jupita guda 4 da Galileo ya hango a 1610 duk haka suke, Taitan ma haka. Mutane suna ɗauka wai watan ba ya juyawa ne, alhali yana juyawa, juyin nasa ne ya zo daidai da zagayensa. Gwada da kanka, ajiye buta a tsakar gida ka zagaya ta kana kallonta kar ka ba ta baya, kafin ka dawo inda ka fara za ka ga ka fuskanci gabas ka fuskanci arewa da yamma da kudu, wato ka juya sau ɗaya cif ba ka ma lura ba, amma butar fuskarka kaɗai ta gani, ƙeyarka ko sau ɗaya. Abin da ke jawo haka, ƙarfin jan uwar ya fi yawa a gefen watan da ke kusa da ita, sai ya ɗan miƙar da shi ya yi tozo, in watan ya yi ƙoƙarin juyawa da sauri sai uwar ta riƙa janyo tozon baya, birki kenan, a hankali a hankali har juyin ya daidaita. Kusa da ƙatuwar duniya irin Polifemus wannan ba ya ɗaukar dogon lokaci in aka kwatanta da shekarun duniyoyi. Don haka Pandora a ɗaure yake, babu makawa.

Yanzu ka zauna a gefen da ke kallon Polifemus mu ga yadda yininka zai kasance. Na farko dai ita ba ta fitowa ba ta faɗuwa. Inda ka gan ta yau nan kakanka ya gan ta, in saman bishiyar ƙofar gidanku take to nan za ta tabbata, rana da taurari su ne ke wucewa ta bayanta. Abin da ke sauyawa shi ne haskenta. Da asuba in rana ta ɓullo za ka gan ta rabi, kamar watan kwana 7, da hantsi ta koma siririya, wajen tsakar rana ta zama baƙin faifai sai ranar ta shige bayanta, gari ya yi duhu, taurari su fito, iska ta yi sanyi, gefen faifan ya yi ja kamar garwashi saboda hasken da ke ratsa iskarta, bayan wani lokaci rana ta fito ta ɗaya gefen. Da magariba rabi kuma amma ɗaya ɓarin, tsakar dare kuwa ta cika tam tana haska ko'ina. Wato abin da namu watan ke yi a kwana 29 da rabi ita a yini ɗaya take gamawa, mutumin wurin ba ya buƙatar agogo, ɗaga kai kawai zai yi ya san ƙarfe nawa.

Kusufin nan kullum ne ko kusan kullum. Mu abin da ya sa ba ma samu duk wata shi ne hanyar watanmu ta karkace da wajen digiri 5, kuma inuwarsa 'yar ƙarama ce, yawanci sai ta wuce ta sama ko ta ƙasa. Amma Io, na kusa a cikin manyan watannin Jupita, duk zagaye sai ya shiga inuwar uwarsa na wajen awa 2, abin a tsare yake har wani masani ɗan ƙasar Denmak, Ole Rømer, ya yi amfani da jinkirinsa a 1676 ya nuna cewa haske ma tafiya yake yi, ba nan take yake isowa ba. Sharaɗin dai kar uwar ta karkace da yawa, Jupita digiri 3 ce kawai, Zuhal kuwa da ta kai 27 Taitan sai bayan shekara wajen 15 yake shiga kakar kusufi. A nan fim na biyu, na 2022, ya yi abin a yaba, don za ka ji ana ce wa yara su dawo gida kafin kusufi, wato ya zama lokaci ne a cikin yini kamar azahar. Mu da in an yi sau ɗaya ake fita salla yara na buga gwangwani ana rana ta kama wata, su ko a jikinsu.

Amma fa duk wannan rabin Pandora ne. Ɗaya rabin, masu zama a ƙeya, ba su taɓa ganin Polifemus ba kuma ba za su taɓa gani ba daga garinsu. Ba su san kusufi ba, don lokacin da ake yinsa su tsakar darensu ne. Darensu duhu ne na gaske mai taurari. Ka duba irin mutane biyun da wannan zai haifar, ɗaya ya tashi da wani ƙaton ido a samansa dare da rana, ɗaya kuma in matafiyi ya ba shi labari sai ya ce ƙarya kake, kuma da gaskiyarsa, wa zai yarda akwai abu a sama da ya ninka rana girma sau 20 ko 50 amma shi bai taɓa gani ba? Sai in ya yi tafiya, ya yi ta tafiya, wata rana ya hango wani baka mai haske ya leƙo daga ƙarshen ƙasa, ya tsaya ya jira ya ƙarasa fitowa ya ƙi, ya kwana ya tashi yana nan yadda yake, sai in ya ƙara gaba sannan ya ƙara ɗagowa. Wace irin al'ada za ta fito daga nan, su wa za su ce su ne zaɓaɓɓu, garuruwan da ke bakin iyaka masu ganin rabinta kullum wane matsayi za su samu, wa zai riƙa karɓar kuɗin masu zuwa kallo? Wallahi labari ne cikakke a kwance, kuma fim na farko da na biyu ba su ɗaga shi ba, kowa a fim ɗin kamar a gefe ɗaya yake.

Har da harkar tafiya. Turawa sun sha wahala ɗaruruwan shekaru kafin su iya sanin inda jirgin ruwa yake tsakanin gabas da yamma, jirage na ta farfashewa, har majalisar Ingila ta sa kyautar fam 20,000 a 1714, kafinta John Harrison ya ƙare rayuwarsa yana ƙera agogon da zai warware matsalar. Matuƙin jirgi a Pandora kyauta ya samu, tunda Polifemus ba ta motsi, tsayinta daga ƙasa da gefen da take sun ishe shi sanin inda yake. Masu gefen uwa za su riga na ƙeya iya teku da nisa, wannan kaɗai ya isa ya nuna maka wa zai mallaki wa.

Daga nan sai matsalar da ba ta da mafita mai daɗi, wato nisa. Tunda juyi da zagaye ɗaya ne, tsawon yini a Pandora shi ne tsawon zagayensa. Io yana nisan kilomita 421,700 daga Jupita, yininsa awa 42 da rabi. Sauran manyan watannin Jupita kuwa, Yuropa kwana 3 da rabi, Ganimid kwana 7 da ɗan ɗori, Kalisto kusan kwana 17. A fim kuwa dare da rana suna tafiya kamar namu. In ka buga lissafi da uwa mai nauyin Jupita, kafin ka samu yinin awa 24 sai ka matso da watan wajen kilomita 290,000, ya fi Io kusa kenan, a nan uwar za ta ninka watanmu faɗi fiye da sau 50, abin kallo kam ba a magana, irin wanda ake sawa a fosta. To amma je ka ga halin da Io yake ciki. Duwatsu masu aman wuta wajen 400, babu wani wuri da ya kai shi ƙarfin aman wuta a duk gidan rana, ƙasarsa ta dutse tana ɗagawa tana sauka har kusan mita 100 duk zagaye. Dalili, hanyarsa ba da'ira ce cif ba, wani lokaci ya matso wani lokaci ya ja baya, uwar tana matsa shi tana saki, gogayyar da ke cikinsa ta zama zafi har dutse ya narke. Da shi kaɗai ne da tuni hanyar ta gyaru ya huta, amma 'yan uwansa ba sa barinsa, duk zagaye 1 na Ganimid Yuropa ya yi 2 Io ya yi 4, sai fizgar da suke yi masa ta riƙa maimaituwa a kai a kai. Abin sha'awa, wasu masana 3 ƙarƙashin Stanton Peale sun buga takarda a farkon Maris ɗin 1979 suna cewa ya kamata cikin Io ya zama a narke, kwanaki kaɗan bayan haka wata injiniya, Linda Morabito, tana duba hotunan kumbon Voyager 1 ta ga hayaƙin aman wuta ya tashi a gefensa. Polifemus kuma an ce watanninta 14, kaga masu fizga ba su yi kaɗan ba.

Ga kuma tururin nukiliya. Maganaɗisun Jupita yana tara ƙwayoyin zarra masu gudu a kewayenta, wanda ya tsaya a kan Yuropa ba kariya kwana ɗaya ya ishe shi ɗaukar abin da zai kashe shi, Io ya fi haka muni nesa ba kusa ba. In ka ce bari ka gudu can wajen Kalisto inda lafiya lau ne, to ka samu rana ta kwana 8 a jere da dare na kwana 8, ganye ya ƙone sannan ya daskare. Anan masu Pandora suna da abin kare kansu, sun ba shi iska mai kauri da nasa maganaɗisun mai ƙarfi, kuma wannan ba tatsuniya ba ce zalla don a 1996 kumbon Galileo ya gano Ganimid yana da nasa, shi kaɗai a cikin watanni. Zan ba su rabin maki.

Tekun ma ba irin namu zai zama ba. Mu ruwa yana cikowa yana janyewa sau 2 a rana saboda duniya na juyawa a ƙarƙashin tozon da wata ya ja, a can kuwa tozon a tsaye yake wuri ɗaya, sai ɗan abin da karkatar hanya da sauran watanni da rana suka motsa. Kalanda kuma babu zancen watan kwana 29 ko 30, babu kwamitin ganin wata, sai dai su ƙirga da haɗuwar sauran watannin.

Wani abin da ya daɗe yana yi min ƙaiƙayi shi ne dajin nan mai walƙiya da daddare, wanda shi ne ya fi tafiya da hankalin masu kallo. A duniyarmu halittu masu ba da haske sun fi yawa ne a can ƙasan teku inda rana ba ta kaiwa, na tudu kamar ƙwarin nan masu ƙyalli da damina sai dare ya yi duhu suke aiki, don haske tsada gare shi a jikin halitta, ba a ɓarnarsa inda ba za a gani ba. To daren gefen uwa a Pandora ba duhu ba ne. Polifemus cikakkiya, ga faɗi, ga gajimare da ke maido da haske fiye da ƙasar watanmu wadda a gaskiya baƙa-baƙa ce kamar tsohuwar kwalta, haskenta zai ninka farin watan 14 sau dubbai, karatu za ka yi a tsakar gida ba fitila. Ƙari a kan haka akwai rana ta biyu, Alfa Sentauri B, su biyun suna zagaya juna duk shekara wajen 80, ko lokacin da ta fi nisa haskenta ya ninka na cikakken watanmu sau fiye da 100, kuma kusan rabin shekara da daddare take fitowa. Wanda zai kare su zai ce ai ƙarƙashin manyan bishiyoyi duhu ne, haka ne, amma da ni aka tambaya da dajin walƙiyar a ƙeya zan dasa shi, inda aƙalla rabin shekara dare duhu ne na gaske.

Duwatsun da ke shawagi a sama kuwa, nan ne aka bar kimiyya a tasha. Hujjarsu ita ce ma'adinin nan da ake haƙa a fim ɗin, mai dala miliyan 20 kilo ɗaya, wai irin sinadarin nan ne da lantarki ke ratsawa ba ya raguwa ko kaɗan, irinsa kuma yana ture maganaɗisu har ya tsaya a iska. Asalin abin gaskiya ne, an gano irin wannan hali tun 1911 a ƙasar Holan, turewar maganaɗisun kuma a 1933 a Jamus, sai dai namu sai an sanyaya su matuƙa. Matsalar ita ce ƙarfin da zai ɗaga dutse sukutum. Na'urar hoton MRI ta asibiti da ƙarfin maganaɗisunta yawanci bai wuce tesla (ma'aunin ƙarfin maganaɗisu) 1 da rabi zuwa 3 ba tana fizgo tukunyar oksijin daga ƙofar ɗaki, amma a fim jirage masu saukar ungulu na ƙarfe suna ratsa tsakanin duwatsun abin da ya same su kawai na'urorinsu sun rikice. Ruwan da ke kwararowa daga kansu ba tsayawa kuma kar ma ka tambayi inda yake fitowa. Kyau dai sun yi kyau, har hukumomin Zhangjiajie a lardin Hunan na ƙasar Sin suka sauya wa wani dogon dutsensu suna a 2010 don jawo 'yan yawon buɗe ido.

To a zahiri akwai irin Pandora? An tabbatar da duniyoyi fiye da 5,000 a wajen gidan ranarmu, da yawansu ƙattin gas ne, wasu ma a daidai nisan da ruwa zai zauna, amma wata ko ɗaya ba a tabbatar ba tukuna, don ganinsa sai an lura da 'yar girgizar da yake sa uwarsa ta yi wajen wucewa ta gaban tauraro, ta riga lokaci ko ta makara. A 2018 Alex Teachey da David Kipping na jami'ar Columbia sun ce sun ga alamar wani wata mai girman Neptun a wajen duniyar Kepler-1625b, wasu masanan suka sake duba bayanan suka ce ba su gamsu ba, har yanzu ana ja. Sai kuma a Agustan 2025 aka sanar cewa na'urar hangen nesa ta James Webb ta hango wani ɗigo kusa da Alfa Sentauri A ɗin kanta, wanda zai iya zama duniyar gas, mutane suka yi ta murna wai an ga Polifemus. Sau ɗaya aka gan shi, a Agustan 2024, da aka koma dubawa a farkon 2025 ba a same shi ba, masu binciken suka ce mai yiwuwa ya matsa kusa da hasken tauraron ne. Ko da ya tabbata, nauyinsa wajen na Zuhal aka ƙiyasta, in kuwa ƙa'idar Canup da Ward ta yi aiki a can to babban watan da za ta iya haifa bai wuce sa'an Taitan ba, shi kuwa a irin wannan ɗumin iskarsa guduwa za ta yi.